Baturen da ya bi sawun fataken goro har Barazil: za a iya yarda da abin da Paul Lovejoy ya rubuta a kanmu?

Jikan_Madugu
Assalamu alaikum jama'ar zaure. Akwai abin da ya tsaya mini a rai tun makon jiya, na ce bari in kawo shi nan ko na dace da masu sani. Mu Agalawa ne ta wajen uba. Kakana ya rasu ina ɗan shekara goma sha ɗaya, kuma abin da na riƙe daga bakinsa bai wuce cewa mahaifinsa ya sha zuwa Gwanja da jakuna, a yi wata da watanni ba a ji ɗuriyarsa ba, sai dai a gan shi ya dawo da huhunan goro. To wani abokina da ke koyar da tarihi a sakandare ya ara mini littafin Caravans of Kola na wani Bature mai suna Paul Lovejoy, wanda aka buga a Zariya a 1980. Wallahi kwana uku na yi ban iya ajiye shi ba. Agalawa, Tokarawa, Kambarin Barebari, yadda madugu ke tafiyar da ayari, aikin jaji, garuruwan da ake yada zango, kuɗin fiton da ake biya a hanya, duk ga su nan. Abin da gidanmu ya manta, a hannun baƙo na same shi.

Da na mayar da littafin sai abokin nawa ya ce, ai wannan mutumin ne ya rubuta cewa lokacin da Turawa suka zo akwai bayi sama da miliyan ɗaya a Daular Usmaniyya ta Sakkwato, kuma shi ne ke cewa Musulmin da suka tayar da ƙayar baya a Barazil suna da alaƙa da jihadin Shehu. Nan jikina ya yi sanyi. Tambayata biyu ce. Wane ne shi? Kuma mutum zai iya sakin jiki da abin da ya rubuta a kanmu?

Malam_Samaru
Wa alaikumus salam. Bari in ɗauki ta farko, ta biyun kuwa na san zaure zai yi ta ja.

An haife shi a Amurka a 1943, amma rayuwarsa ta aiki kusan duk a Kanada ya yi ta, a Jami'ar York da ke Toronto. Digirinsa na uku a Jami'ar Wisconsin ya yi, ya kammala a 1973 a hannun Philip Curtin, wanda a 1969 ya zauna ya ƙididdige yawan mutanen da aka tsallakar da su Tekun Atlantika bisa hujjar takardu. Littafin da ka karanta daga kundin digirin nan ya fito. Ba kuma a ɗakin karatu kaɗai ya haɗa shi ba. Ya zo Kano wajen 1969 zuwa 1970 yana bin tsofaffin fatake da 'ya'yansu gida gida, lokacin da akwai sauran waɗanda suka taka hanyar da ƙafarsu. Tsakiyar shekarun 1970 ya sake dawowa ya zauna a Jami'ar Ahmadu Bello. Bayan goro ya yi littafi a kan gishiri da kanwa a 1986, amma tun kafin nan ya riga ya nutsa cikin tarihin bauta, wanda ya zama aikinsa na din-din-din. Daga baya aka ba shi kujerar bincike ta musamman a Kanada kan tarihin 'yan Afirka da aka warwatsa a duniya, kuma shi ya kafa Cibiyar Harriet Tubman a York.

Abin da ya bambanta shi a wurina: masu nazarin baƙaƙen fatar Amurka da yawa daga bakin jirgi suke fara labari, kamar mutumin bai da jiya sai ranar da aka sauke shi. Shi kuwa cewa yake a koma garin da aka kamo mutum, a san yaƙin da ya ci shi, da harshensa, da addininsa, da sana'ar ubansa.

Ummu_Hanifa
Ku tsaya mini tukuna. Wai dama an kai Hausawa Barazil? Ni duk zatona mutanen bakin teku kaɗai aka kwasa.

Bakatsine_a_Lisbon
@Ummu_Hanifa, an kai su Hajiya, kuma ba su je sun kwanta ba. Jihar Bahiya da ke arewa maso gabashin Barazil ita ta fi karɓar su, musamman bayan 1804. Yaƙe-yaƙen jihadi sun samar da kamammu daga kowane ɓangare, a bi da su ta Nupe da ƙasar Oyo har Ikko ko Wida, tashar jiragen ruwa a Jamhuriyar Benin ta yau, a can a musanya su da tabar Bahiya wadda ake shafa wa ruwan rake, don mutanen wannan gaɓar suna son ta ƙwarai. Mafi yawansu maza ne majiya ƙarfi, da yawa kuma sun san yaƙi tun daga gida.

A 1807 aka bankaɗo wani shiri da Hausawa suka yi a Salvador, babban birnin Bahiya. A 1809 aka sake yi. A watan Fabrairun 1814 suka far wa wuraren sarrafa kifin nan mai girma da Turawa ke kira whale a Itapuã, kusa da Salvador, kuma takardun shari'ar sun kira jagoransu da "malomi". Ranar da na fara cin karo da kalmar nan a rubutun Fotugis sai da tsigar jikina ta tashi, don kowa ya san malam ake nufi. Akwai ma wani ƙaramin jakadan Faransa a Bahiya, Francis de Castelnau, da ya zauna da wasu bayi Hausawa yana tambayarsu labarin ƙasarsu, ya buga a 1851. Suna ambaton Kano da Katsina da Zazzau, da hanyoyin da aka bi da su.

Ummu_Hanifa
Innalillahi. Allah Ya jiƙansu. Ko a makaranta ba a taɓa gaya mana ba.

Sarkin_Yakin_Zaure
Ni fa ba na cikin masu tafa wa Bature don ya iya rubuta Tokarawa. Ku tambayi kanku daga ina ya samo miliyan ɗin nan. Wa ya ƙirga? Shehu ya yi ƙidaya ne, ko Sarkin Musulmi Attahiru? Alƙaluman nan daga rahotannin Turawan mulkin mallaka suke, mutanen da ke neman hujjar da za su kai Ingila su ce mun zo ne mu 'yantar da bayi. Gwamna Lugga da wannan waƙar ya ci Kano da Sakkwato a 1903. Yanzu jikokinsu sun ɗauko takardun nan sun sa musu rigar ilimi. Manufar ɗaya ce: a nuna cewa mu ma mun yi, don a rage musu nauyin abin da suka aikata.

Malam_Samaru
@Sarkin_Yakin_Zaure, tambayarka ta farko tana kan hanya, kuma ya kamata a riƙa yin ta ga kowane marubuci. Babu ƙidaya, ƙiyasi ne, shi ya sa shi da abokin aikinsa Jan Hogendorn suka ba da tazara mai faɗi, daga miliyan 1 zuwa miliyan 2.5 a wajajen 1900. Mai tabbas ba ya ba da irin wannan tazarar. Amma ba rahoton 'yan mulkin mallaka kaɗai ba ne. Barth, matafiyin nan Bajamushe, ya zo Kano a 1851, rabin ƙarni kafin Lugga, ya kuma ƙiyasta cewa bayin ƙasar Kano ba su gaza 'ya'ya yawa ba.

Inda ban bi ka ba shi ne batun wanke Turawa. Littafin da suka fitar a 1993, Slow Death for Slavery, tonon asirin Lugga ne daga farko har ƙarshe. Sun nuna cewa dokar 1901 ba ta 'yanta bayin da ke hannu ba. Abin da ta ce shi ne 'ya'yan da aka haifa daga Afrilun 1901 'ya'ya ne, an kuma hana hari da saye da sayarwa. Wanda ke cikin bauta sai ya fanshi kansa a gaban alƙali, yawanci ta hanyar murgu, wato ya je ya yi sana'arsa yana biyan ubangijinsa. Turawa sun hana gudaddun bayi samun gona, sun ɗora musu haraji, don kada tattalin arzikin sarakunan da suke mulki da su ya rushe. Sai a 1936 aka soke bautar gaba ɗaya. Shekara 35 ke nan. Wanda ke son ya wanke su ba zai rubuta haka ba.

Basakkwace_77
Malam ya yi gaskiya ga wanga batu. Ku duba abin da su biyun suka rubuta kan Satiru. A 1906 aka shafe garin, aka kashe mutane wajen 2,000, kuma sun kawo hujja cewa cikin waɗanda suka taru can akwai gudaddun bayi da talakawa masu yawa. Mu nan gida an fi ba mu labarin a matsayin rikicin masu da'awar Mahadi kurum.

Sarkin_Yakin_Zaure
To na ji wannan. Amma har yanzu ina nan kan bakana a abu ɗaya: bautar da aka yi a nan da wadda aka yi a gonakin rake na Amurka ba abu ɗaya ba ne, kuma duk wanda ya kira su da suna ɗaya ya yi zalunci.

Dakta_Rabi
Wannan ita ce ainihin muhawarar da masana suka daɗe suna yi da shi, ba batun miliyan ba. Lovejoy ya kira rinji da gandun sarauta da kalmar da Turawa ke kiran manyan gonakin bayi na Amurka. Masu ja da shi suna cewa kalmar tana zuwa da kayanta: launin fata, kasuwar duniya, da bautar da ba ta da ƙofar fita. A nan kuwa ƙwarƙwara in ta haihu da ubangijinta ɗanta ɗa ne, yana gado, sarakuna nawa ne iyayensu mata ƙwaraƙwarai? A fadar Kano, Shamaki da Ɗan Rimi da Sallama bayin sarki ne, amma hakimi ma yana shakkar su. Sean Stilwell, ɗalibin Lovejoy ɗin ne ma, ya yi littafi guda a kansu. Ga cucanawa da aka haifa a gida, waɗanda sayar da su abin kunya ne.

Duk wannan gaskiya ne, Yaya Sarkin Yaƙi. Sai dai ina roƙon mu da kada mu tsaya a fada. Mutum nawa ne suka zama Ɗan Rimi? Mafi yawa suna rinji, suna noma gandun ubangiji tun hantsi har azahar, sannan su juya ga 'yar gayaunarsu. Mohammed Bashir Salau, ɗan ƙasar nan ne, shi ma a hannun Lovejoy ya yi karatu, ya rubuta littafi a kan gandayen Fanisau, kuma ya dogara sosai da hirarrakin da Yusufu Yunusa ya naɗa a kaset a 1975 da mutanen wurin. Ba Bature ne ya faɗa ba, tsofaffinmu ne suka faɗa da Hausa. Kuma a Kano akwai gidan da ake kai bawan da ya yi laifi a hore shi. Yarinyar da aka sato tana ɗebo ruwa aka raba ta da uwarta har abada, ban ga yadda za a yi mata bayanin cewa tata bautar mai sauƙi ce ba.

Ni ina ganin kalmar tasa ta yi faɗi, amma abin da ya nuna da ita yana nan.

Bintu_Mai_Lalle
Ban yi niyyar magana ba, amma abin da Dakta ta faɗa ya taɓa ni. Ku kuna maganar 1900, ni a gidanmu na gani. Yayata ta samu miji, an kai kuɗin gaisuwa, an sa rana. Saura mako uku sai wata gwaggon yaron ta je ƙauyenmu bincike, ta dawo ta ce kakan kakanmu a rinji aka haife shi. Shi ke nan aka aiko a karɓi kaya. Yayata hafiza ce, tana koyarwa a Islamiyya. Ta yi wata biyu ba ta fita ko ƙofar gida ba. Mahaifinmu bai taɓa gaya mana komai ba sai ran nan, yana magana yana kallon ƙasa kamar shi ya yi laifi.

To in wani ya zo ya rubuta yadda aka yi kakanninmu suka shiga wannan hali, ko Bature ne ko Balarabe, ni ina so in karanta. Gara in san daga wane gari aka kamo su da in zauna da kalmar da ake jifan mu da ita.

Ummu_Hanifa
Allah sarki 'yar'uwa. Allah Ya musanya mata da mafi alheri. Wannan ba addini ba ne wallahi.

Sarkin_Yakin_Zaure
@Bintu_Mai_Lalle, ƙanwata, ki yi haƙuri in maganata ta yi miki zafi. Abin da aka yi wa yayarki zalunci ne, ba ni da ja a nan.

Alhaji_Zango_Kumasi
Gaisuwa daga Kumasi. Jikan Madugu, Gwanjar da kakanka ke faɗi ni na je ta ba sau ɗaya ba. Salaga ce babbar kasuwar. Fatake su kawo kanwa da tufafi da fatu da dabbobi, su ɗauki goron da ya fito daga dazukan Asante. Amma ba su kaɗai ake kawowa ba, har da mutane. Har gobe akwai wuri a Salaga da ake kira Wankan Bayi, da Hausa haka, inda ake yi musu wanka kafin a kai su kasuwa. Duk wanda ya je ya ji sunan nan daga bakin mutanen garin ba zai sake cewa ƙagen Turawa ba ne. Garin ya fara ja da baya bayan Ingilishi sun ci Asante a 1874, yaƙin basasar 1892 kuma ya ƙarasa shi, mutane suka watse zuwa Kete Krachi da Kumasi da Akara. Zangunanmu da yawa daga nan suka cika.

Ina ganin hanyar goron ce ta kai Baturen naku ga batun bayi. Duk wanda ya bi ayari da gaske sai ya tarar da su a ciki, wasu suna ɗauke da kaya, wasu su ne kayan.

Malam_Samaru
Alhaji, ka kawo mu daidai kan Baquaqua. Mahommah Gardo Baquaqua mutumin Jugu ne, a arewacin Jamhuriyar Benin ta yau, garin da ke kan hanyar ayarin Kano zuwa Salaga. Mahaifiyarsa 'yar asalin Katsina ce. An kama shi aka fitar da shi ta yankin Wida wajen 1845 zuwa Pernambuco a Barazil. Daga baya wani mai jirgi a Rio ya saye shi, jirgin ya kai kofi New York a 1847, a can ya tsere. Ya yi shekara biyu a Haiti wajen 'yan mishan, ya shiga addininsu, ya yi karatu a wata kwaleji a jihar New York, ya zauna a Kanada, aka buga tarihin rayuwarsa a Detroit a 1854. Ya tafi Ingila yana neman hanyar komawa gida, daga 1857 kuma sawunsa ya ɓace. Lovejoy da Robin Law suka sake fitar da littafin a 2001, suka bi kowane gari da kowace kalma da ya ambata suna tantancewa, suka haɗa da wasiƙunsa. Wanda bai san hanyar goro ba ba zai gane rabin abin da Baquaqua ke faɗi a kan garinsu ba.

Dan_Damagaram
Ina gaida mutanen Najeriya. Mu nan littafinsa na gishiri ya fi shafar mu: Bilma da Fashi, kantu da beza, mangul na ƙasar Manga, ungurnu daga bakin Tafkin Cadi, da ayarin raƙuman Buzaye. Kakata har ta rasu ba ta yarda da miyar da ba a sa mata gishirin Bilma ba. Kuma kada a manta da Dorugu, yaron ƙasar Damagaram da aka kama yana ƙarami, ya bi Barth har Ingila a 1855, ya zauna da wani ɗan mishan mai nazarin Hausa, Schön, yana ba shi labarai da Hausa. Shi ma ai ɗan wannan warwatsuwar ne, ko da yake shi ya dawo.

Takari_Wad_Madani
Ni tambayata, wannan "warwatsuwa" da kuke faɗi ta haɗa da mu? Kakanninmu ba a jirgi aka sa su ba. Wasu hanyar Makka ta ajiye su, wasu sun biyo Mai Wurno ɗan Sarkin Musulmi Attahiru bayan yaƙin Burmi na 1903, suka kafa gari a bakin kogin Shuɗin Nilu a Sudan. Muna nan da yawa, muna jin Hausa, ana ce mana Fallata ko Takari. Amma in an ce tarihin 'yan Afirka a waje, sai a nufi Amurka da Barazil kaɗai.

Dakta_Rabi
@Takari_Wad_Madani, ƙorafinka yana da tushe. Kuɗin bincike da masu karatu sun fi yawa a ɓangaren Atlantika, shi ya sa ya rinjaya. Alƙaluman can ma sun fi tabbata saboda takardun jiragen ruwa: wajen mutum miliyan 12.5 aka ɗora, wajen miliyan 10.7 suka sauka da rai. Hamada ba ta bar irin wannan rajistar ba. Amma an san Hausawa sun yi yawa a Tarabulus da Tunis har suna bori a can, wani Bature ma ya rubuta a kai a 1914. A littafinsa na 1983 kan sauye-sauyen bauta a Afirka, Lovejoy ya lissafa da hanyar Sahara da Bahar Maliya da Tekun Indiya. Ku da kuka tafi da ƙafarku kuwa, aikin marigayi Mahdi Adamu na 1978 kan tasirin Hausawa a tarihin Afirka ta Yamma ya fi kusa da irin labarinku, duk da shi yamma ya fi fuskanta.

Jikan_Madugu
Na gode ƙwarai, ina ta rubutawa a takarda. Amma a dawo da ni kan batun jihadi da Barazil, don shi ne ya fi ɗaure mini kai. Yaya za a ce jihadi ya haifar da bayi, kuma a ce jihadi ne ya sa bayin suka yi tawaye?

Bakatsine_a_Lisbon
To a nan ne ma manyan suka rabu. Babban tawayen shi ne na daren 24 zuwa 25 ga Janairun 1835 a Salvador, cikin goman ƙarshe na azumi. Mutum wajen 600 suka fito da fararen riguna da layu a wuya, yawanci da takubba da wuƙaƙe. Wata 'yantacciyar baiwa ta riga ta kai rahoto, don haka suka fito kafin lokacin da suka shirya. An ƙare a gaban barikin sojan doki na Água de Meninos, wajen 70 daga cikinsu suka mutu. An harbe huɗu a watan Mayu, wani dattijon malami Pacífico Licutan aka yanke masa bulala 1,000, aka kori ɗaruruwa zuwa Afirka. 'Yan sanda sun kwashe alluna da takardun Larabci, wani bawa Bahaushe mai suna Albino aka kira ya karanta musu.

Wanda ya fi kowa sanin takardun shari'ar nan shi ne João José Reis, ɗan Salvador ɗin ne, littafinsa ya fito a 1986. Shi ya nuna cewa a 1835 mafi yawan masu tawayen Yarabawa ne Musulmi, Hausawa kaɗan ne, ko da yake akwai irin su Dandará mai sayar da taba da ke koyar da karatu. A ganinsa Musulunci ya haɗa kansu ya ba su jagoranci, amma ƙabila da halin bauta a Bahiya sun yi aiki sosai, don haka ba ya yarda a kira shi ci gaban jihadin Sakkwato kai tsaye. Lovejoy kuwa yana cewa ba za a fahimci mutanen ba sai an koma abin da ya faru a Ilori daga 1817, lokacin da bayi Musulmi na ƙasar Oyo, cikinsu har da Hausawa masu kiwon dawaki da wanzanci, suka amsa kira suka tashi. A littafinsa na 2016 ya ma ce a jera jihadin Afirka ta Yamma tare da juyin juya halin Faransa da na Haiti a matsayin abubuwan da suka sauya duniyar wancan zamani.

Ni na fi karkata ga Reis a kan 1835, don shi ya kwana cikin takardun. A kan 1807 zuwa 1814 kuwa, inda Hausawa ne a gaba, maganar Lovejoy tana da ƙarfi.

Basakkwace_77
Ƙari kan tambayar Jikan Madugu: babu karo tsakanin biyun. Ɗaya daga cikin koke-koken masu jihadi shi ne ana bautar da Musulmi 'ya'ya. Tun a 1615 Ahmad Baba na Tambutu ya yi fatawa ya lissafa Kano da Katsina da Gobir da Barno cikin ƙasashen Musulmi da bai halatta a bautar da mutanensu ba. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello kuma ya tattauna da Clapperton, matafiyin da Ingila ta aiko, a 1824 kan hana kai bayi bakin teku. Lovejoy ya yi rubutu a kan wannan, yana cewa manufar ta rage yawan waɗanda aka sayar wa Turawa daga nan. Amma yaƙi yaƙi ne. Wanda aka ci garinsu an kama shi, mai jihadin da aka ci su ranar nan shi ma an kama shi, duk suka haɗu a jirgi ɗaya.

Alhaji_Zango_Kumasi
Waɗanda aka koro daga Bahiya ɗin nan wasunsu Akara suka sauka a 1836. Su ne ake kira Tabom, gidansu na farko yana nan a Jamestown ana ce masa Gidan Barazil, kuma akwai Musulmi a cikinsu. A Ikko kuma Aguda ake ce musu.

Sarkin_Yakin_Zaure
Duk na karanta. Abin da har yanzu ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, me ya sa sai an je Toronto? Muna da Abdullahi Smith da ya kafa makarantar tarihi a Zariya, muna da Yusufu Bala Usman da ya koya mana mu tuhumi kowace kalmar da Bature ya auna mu da ita. Kaset ɗin 1975 da Dakta ta ambata muryoyin kakanninmu ne. Yau ɗan Kano da ke son ya san Fanisau sai ya sayi littafi da dala.

Dakta_Rabi
An ajiye kwafin kaset ɗin a sashen binciken tarihin Arewa na Zariya, kuma takardun da suka yi aiki da su suna gidan adana takardu na ƙasa a Kaduna, ƙofa a buɗe. Tsadar littattafan kuwa gaskiya ce, ni ma tana damuna, haka rashin fassara su zuwa Hausa. Amma zan faɗi wani abu da na gani da idona a wata jami'a da ba zan ambata ba: ɗaliba ta kawo batun zuriyar bayi a garinsu za ta yi kundi a kai, aka ce ta canza, wai za ta tayar da fitina. Ta koma ta rubuta tarihin sarautar garin.

Auta_Dalibi
Ni ɗan aji biyu ne a sashen tarihi. Kakata tana da rai, ta haura 90, kuma tana yawan ambaton wata "Baba Baiwa" da ta rene su. In na je da waya zan naɗa, me zan tambaye ta? Ina tsoron kada ta rufe baki.

Malam_Samaru
@Auta_Dalibi, kada ka fara da kalmar bauta. Tambaye ta abincin da matar ke dafawa, waƙar da take yi musu in za su yi barci, ko tana da tsaga a fuska da irin ta, ko Hausarta tana da wani karin harshe, wa ta aura, ina 'ya'yanta, a ina aka binne ta. Ka bar ta ta yi ta zuba, kada ka katse ta. Ka nemi izininta kafin ka kunna, ka rubuta rana da wuri, ka ajiye kwafi biyu. Kuma ka je wannan hutun, kada ka ce sai na gaba.

Bintu_Mai_Lalle
Tsagar nan da Malam ya faɗa ta tuna mini. Babanmu ya ce kakansa yana da wasu zane uku a kumatu da ba irin na garinmu ba. Akwai mai sanin yadda ake gane gari da tsaga?

Dan_Damagaram
@Bintu_Mai_Lalle, nemi tsohon wanzami, su ne malaman wannan. In babanki zai iya zana miki a takarda, ki turo nan in nuna wa wani dattijo a unguwarmu.

Jikan_Madugu
Na kira baffana jiya da daddare, shi kaɗai ya rage a 'ya'yan kakana. Na tambaye shi ko ayarin kakanmu yana tafiya da bayi. Ya yi shiru har na ɗauka layin ya yanke, sannan ya ce akwai mutum biyu da ke kora jakuna, ɗayan ana ce masa Nagode, kuma jikokinsa suna nan bayan gidanmu na ƙauye, mu muke ce musu 'yan'uwa. Ya ce in zo da kaina ranar Juma'a, ba maganar waya ba ce. Malam Samaru, littafin 1993 ɗin nan, akwai inda zan same shi aro a Kano?